Buhu 2,000, sito uku, garuruwa huɗu: yadda muka rage kuɗin dakon taki a Zariya

Kawuna dillalin takin zamani ne a Zariya, ya haura shekara ashirin a harkar. Ni nake riƙe masa littafin shige da fice tun da na gama karatun lissafi a Jami'ar Ahmadu Bello da ke Samaru. Abin da zan bayyana ya faru ne a daminar bara, a makon da aka yi rabon takin kamfa na farko. Na cike alƙaluman zuwa hamsin-hamsin da ɗari-ɗari domin mai karatu ya iya bin lissafin da biro da takarda. Kuɗin dako ba ya kwana wuri ɗaya, don haka kada wani ya ɗauki waɗannan farashi ya tafi tasha yana ciniki da su.

Tun da aka cire tallafin man fetur ranar 29 ga Mayu, 2023, kuɗin mota ya zama abin da ke hana ɗan kasuwa barci. A da Kawu ba ya ko duba shafin dako a littafi, ribar buhu tana shanye shi. Yanzu kuwa ribar ta tsuke, dakon ya kumbura, har ta kai naira ɗari a kan buhu tana iya raba ciniki mai albarka da aikin banza.

Yadda kayan suke

Sito uku ne da shi. Na Samaru yana ɗaukar buhu 600, wato tirela guda cif ta buhu mai kilo 50, kuma ko buhu goma ba za a iya ƙara masa ba sai a toshe ƙofa. Na Sabon Gari ma 600. Na Tudun Wada shi ne babba, a makon akwai buhu 900 a ciki. Jimilla 2,100.

Masu jiran kaya kuma ƙananan diloli ne a wurare huɗu. Giwa na son buhu 800, Hunkuyi 300, Makarfi 500, Soba 400. Jimilla 2,000. Ke nan buhu 100 za su rage a wani sito, kuma wane sito ne, shi ma yana cikin abin da za a yanke.

Ga kuɗin kai buhu ɗaya, da naira, har da na 'yan dako masu lodi da saukewa da la'adar ɗan kamasho:

| | Giwa | Hunkuyi | Makarfi | Soba |
|---|---|---|---|---|
| Samaru (600) | 400 | 350 | 700 | 900 |
| Sabon Gari (600) | 550 | 300 | 500 | 700 |
| Tudun Wada (900) | 800 | 600 | 600 | 550 |
| Bukata | 800 | 300 | 500 | 400 |

Wanda ya san Zariya zai gane yawancin waɗannan ba sai an yi masa bayani ba. Samaru tana kan hanyar Funtuwa, daga nan sai Shika sai Giwa. Sabon Gari ta fi kusa da hanyar Kano, wadda ake bi a ratse zuwa Makarfi. Tudun Wada kuma ita ce ta fi kusa da hanyar Jos, inda Soba take. Abu ɗaya ne zai ba shi mamaki: me ya sa Tudun Wada zuwa Makarfi 600 kawai, alhali Tudun Wada zuwa Giwa 800? Dalilin ba nisan hanya ba ne. Akwai motocin da ke kawo kaya kasuwar Tudun Wada daga ɓangaren Makarfi su koma wayam, kuma direban da zai koma wayam yakan karɓi abin da wanda za a taso takanas ba zai karɓa ba. Tattara waɗannan lambobi goma sha biyu ya ci mini kwana uku ina yawo tsakanin tashoshi, kuma shi ne aikin da ya fi wahala a duk lamarin. Lissafin kansa bai kai rabin yini ba.

Tsarin Kawu

Ƙa'idar Kawu mai sauƙi ce, kuma kowane ɗan kasuwa mai hankali zai yarda da ita: a fara da hanya mafi araha a cika ta, a koma mai bi mata, har kaya su ƙare.

Mafi araha ita ce Sabon Gari zuwa Hunkuyi, 300. Aka ba ta buhu 300, Hunkuyi ta gama. Sai Samaru zuwa Giwa, 400: aka kwashe duk 600 na Samaru, Giwa na bin 200. Sai Sabon Gari zuwa Makarfi, 500: ragowar 300 na Sabon Gari suka tafi, Makarfi na bin 200. Daga nan komai ya koma kan Tudun Wada: 400 zuwa Soba a kan 550, 200 zuwa Makarfi a kan 600, 200 zuwa Giwa a kan 800.

In aka haɗa, 90,000 da 240,000 da 150,000 da 220,000 da 120,000 da 160,000, an sami naira 980,000.

Babu ɓarna a wannan tsari, kuma a kowane mataki an ɗauki mafi sauƙin abin da ke gaba. Matsalarsa ita ce kowane zaɓi yana cinye wani abu da za a bukata daga baya, kuma ƙa'idar ba ta waiwaye. Sabon Gari ta ƙarar da kayanta a Makarfi domin 500 ta fi 550 araha, sai aka wayi gari Giwa ba ta da mai cike mata gibi sai Tudun Wada, a kan farashi mafi tsada a duk tsarin nasa.

Inda lissafin ya samo asali

Wannan matsala tsohuwa ce, kuma tana da suna a littattafan lissafi: matsalar sufuri. Wani Bafaranshe, Gaspard Monge, ya yi rubutu a kanta a 1781, yana neman hanya mafi sauƙi ta kwashe ƙasa daga inda aka haƙa zuwa inda za a cike. A 1939 Leonid Kantorovich, malamin lissafi a Leningirad ta Tarayyar Sobiyet, ya fito da hanyar warware irin waɗannan matsaloli bayan wata masana'antar katako ta nemi ya taimaka mata wajen raba aiki tsakanin injinanta. A Amurka, Frank Hitchcock ya rubuta matsalar a 1941 a siffar da muke amfani da ita yau, wato wuraren da kaya suke, wuraren da ake bukatarsu, da kuɗin kowace hanya. Tjalling Koopmans ya ci karo da ita yana aikin tsara zirga-zirgar jiragen ruwa na dakon kaya a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. Sai George Dantzig ya samar da hanyar simfleks a 1947, wadda har yau manhajoji da yawa ke amfani da ita. Kantorovich da Koopmans sun raba kyautar Nobel ta tattalin arziki a 1975.

Fannin gaba ɗaya ana ce masa liniya furogiramin, ni kuma nakan kira shi tsarin miƙaƙƙen lissafi. An ce miƙaƙƙe ne domin ana ɗauka cewa kuɗi yana tafiya kafaɗa da kafaɗa da yawan kaya: in buhu ɗaya 400 ne, buhu goma 4,000, buhu ɗari 40,000, babu ragi babu ƙari. Wannan zato shi ne ƙarfin hanyar, kuma a gaba za a ga inda ya kusa kayar da mu.

A lamarinmu akwai adadi goma sha biyu da ba a sani ba, wato yawan buhunan da za su bi kowace hanya. Abin da ake so shi ne jimillar kuɗi ta yi ƙasa iyakar yadda za ta yiwu. Sharuɗɗan kuma uku ne: kada sito ya fitar da fiye da abin da ke cikinsa, kowane gari ya sami abin da ya nema cif, kuma babu hanyar da za ta ɗauki ƙasa da sifili. Buhu 100 da za su rage kuwa, sai a ƙirƙiri gari na biyar na bogi mai bukatar 100, kuɗin zuwa can sifili. Duk siton da lissafi ya tura kayansa garin bogi, shi ne zai riƙe ragowar.

Zagayen da ya buɗe mana ido

Ban fara da kwamfuta ba, domin na san Kawu ba zai yarda da amsar da ta faɗo daga allo ba. Na ɗauki tsarinsa na ce mu gwada motsa buhu ɗaya tak.

Na ce, "Kawu, a ce mun ɗauki buhu ɗaya daga Sabon Gari mun kai Giwa. Nawa muka biya?"

Ya ce 550.

"To Giwa ta sami buhu, sai mu janye ɗaya daga na Tudun Wada da ke zuwa can. Mun tsira da 800. Amma wancan buhu na Sabon Gari na Makarfi ne muka karkatar, don haka 500 ɗinsa ta dawo aljihu, Makarfi kuma tana bin mu ɗaya. Sai mu ba ta wanda muka janye a Tudun Wada, a kan 600."

Ya yi shiru yana ƙirgawa da yatsu. An kashe 550 da 600, wato 1,150. An tsira da 800 da 500, wato 1,300. Bambanci 150. Kowane gari ya sami abin da yake samu a da, kowane sito ya fitar da abin da yake fitarwa a da, amma naira 150 ta rage a hannu. Kuma za a iya maimaita wannan zagaye har sau 200, lokacin da kayan Tudun Wada zuwa Giwa suka ƙare. Naira 30,000 ke nan.

Abin lura a nan shi ne an bar hanya mai 500 an koma mai 550, an kuma ƙara kaya a mai 600, duk da haka jimilla ta sauka. Tambayar da ta dace a yi wa kowane gari ita ce: in bai samu daga wannan sito ba, nawa zai ƙara ci daga wancan? In Makarfi ta rasa Sabon Gari, asarar 100 ce kawai. In Giwa ta rasa Sabon Gari, asarar 250 ce. Wanda rashin zai fi yi wa ciwo shi ya kamata a ba. A kan wannan tunani aka gina hanyar Vogel da ake koyarwa a aji, kuma ina ganin duk wanda ke raba kaya ya kamata ya san shi ko da bai taɓa buɗe littafin lissafi ba.

Sabon tsari ya zama: Samaru 600 zuwa Giwa, Sabon Gari 200 zuwa Giwa, 300 zuwa Hunkuyi, 100 zuwa Makarfi, Tudun Wada 400 zuwa Makarfi, 400 zuwa Soba, 100 su zauna. Jimilla 950,000.

Na gwada irin wannan zagaye a duk sauran hanyoyin da ba mu yi amfani da su ba. Samaru zuwa Hunkuyi, duk da arahar 350, za ta ƙara mana 200 a kan kowane buhu, domin duk buhun da ya bar Samaru bai je Giwa ba sai an maye gurbinsa da mai tsada. Tudun Wada zuwa Hunkuyi ƙarin 200, Sabon Gari zuwa Soba ƙarin 250, Tudun Wada zuwa Giwa da muka bari ƙarin 150, sauran kuma sun fi 250. Idan babu sauran zagayen da zai rage kuɗi, lissafi ya tabbatar cewa babu wani tsari da ya fi wannan, ba wai kawai ba mu gano shi ba. Da dare na zuba jadawalin a manhajar Excel na kunna Solver, sashenta mai warware irin wannan lissafi, ya ba ni 950,000 ɗin nan dai. Akwai kuma wata falala ta wannan nau'in matsala: muddin kayan sito da bukatun garuruwa cikakkun lambobi ne, amsar ma cikakkun lambobi take fitowa, ba za a ce ka kai rabin buhu Soba ba.

Ganin Dala ba shiga birni ba

Washegari muka je neman mota, nan iyakar farko ta bayyana. Farashin 550 daga Sabon Gari zuwa Giwa na direba ɗaya ne, mai mota ƙirar kanta, wanda ke da kayan wasu a hanyar yana cikewa da namu. Ya ce gurbin buhu 60 yake da shi a kowane sawu, kuma sawu biyu zai yi a makon. Ke nan hanyar ba za ta ɗauki fiye da 120 ba, mu kuwa 200 muka rubuta mata.

Wannan shi ake kira iyakar ɗaukar hanya, kuma shigar da ita lissafi layi ɗaya ne: Sabon Gari zuwa Giwa kada ta wuce 120. Amsa ta canza. Ragowar 80 na Giwa suka koma Tudun Wada, Sabon Gari ta kai 180 Makarfi, Tudun Wada ta kai 320. Jimilla 962,000, wato 950,000 da ƙarin 150 sau 80.

Sai iyaka ta biyu, wadda jadawalin bai san da ita ba sam. Motar da ke zuwa Giwa daga Tudun Wada buhu 100 take ɗauka, kuma direban kuɗin sawu yake karɓa, 80,000, ko ta cika ko ba ta cika ba. Ni ne na raba 80,000 gida ɗari na rubuta 800. Yanzu da za a ba shi buhu 80, ba 64,000 za a biya ba, 80,000 ne. Jimilla ta haura 978,000, saura naira dubu biyu ta koma inda Kawu ya fara. Da mun bi takardar ido rufe, da duk wahalar ta tashi a banza. A nan ne zaton miƙaƙƙen layi ya karye, kuma duk mai amfani da wannan hanya a ƙasarmu ya riƙa tambayar kowane direba tun farko: da buhu kake karɓa ko da sawu? Masana suna da hanyar warware irin wannan, inda ake tilasta yawan sawu ya zama cikakkiyar lamba, amma a ƙaramin lamari kamar namu gwaji da hannu ya wadatar. In dai za a biya sawun, gara a cika motar: 100 daga Tudun Wada, 100 daga Sabon Gari. Wannan ya ba da 965,000.

Akwai wani direba na biyu a Sabon Gari da ya ce zai kai Giwa a kan 650. Kawu ya riga ya sallame shi tun ranar farko, ya ce ba zai biya 650 a hanyar da wani ke bi a 550 ba. Na koma masa da maganar.

Ya ce, "Ɗana, in na ba shi 650 yau, gobe wancan ma 650 zai ce."

Wannan damuwa ce ta gaskiya, kuma ban da amsarta a takarda. Abin da nake da shi shi ne lamba. Iyakar 120 ɗin nan tana ci mana naira 150 a kan kowane buhu da ta hana wucewa. Masu lissafi suna kiran wannan ɓoyayyen farashin iyaka. Ma'anarsa, duk wanda zai buɗe mana ƙarin gurbi a wannan hanya a ƙasa da 700, wato 550 da 150, riba ce a gare mu. Ba da 550 ya kamata a auna 650 ba, domin gurbin 550 ya riga ya cika. Da abin da za mu biya in mun ƙi shi ya kamata a auna ta. Kawu ya kira shi, suka yi magana a kan cewa wannan farashin na buhu 80 ne na wannan mako kaɗai. Jimilla ta tsaya a 958,000, kuma da wannan tsari aka yi rabon.

Kafin a fara lodi na ƙara duba abu ɗaya. Tsarin ya jingina sosai a kan motocin Makarfi masu komawa wayam, buhu 400 a kansu. In suka ga mun matsu suka ɗaga farashi fa? Lissafi ya nuna cewa amfani da direba na biyu zai ci gaba da biya muddin kuɗin Tudun Wada zuwa Makarfi bai kai 650 ba, karkatar da kayan Sabon Gari zuwa Giwa da direban farko kuma zai ci gaba da biya har sai ya kai 750. Da waɗannan lambobi biyu a aljihu na je wurin ɗan kamasho, na san inda zan tsaya.

Naira 22,000

Da aka rufe littafin makon, bambanci tsakanin tsohon tsari da sabo 22,000 ne. Kawu ya kalli lambar ya ce ko kuɗin buhun kamfa ɗaya ba ta kai ba. Gaskiya ya faɗa. Kashi biyu da ɗan wani abu ne cikin ɗari na kuɗin dako, kuma ba na son a karanta wannan rubutu a ɗauka cewa lissafi yana raba kuɗin mota biyu. Ɗan kasuwar da ya daɗe a hanya yawanci yana kusa da amsa mafi kyau tun kafin a kawo masa kwamfuta.

Amfanin da ya fi girma ya fito ne daga wata tambaya dabam. Kamar yadda hanya take da ɓoyayyen farashi, haka kowane sito yake da shi. A ce buhu ɗaya da ke Tudun Wada an sauke shi a Samaru tun farko, nawa za a tsira da shi? Ya tafi Giwa a kan 400, ya kori ɗaya daga na direba mai 650, wancan ya koma Makarfi a kan 500, ya kori ɗaya na Tudun Wada mai 600. An kashe 900, an tsira da 1,250. Riba 350. Haka za a yi ta samu har buhu 80. Bayan su sai a fara korar na direba mai 550, ribar ta koma 250, har buhu 120. Jimilla 28,000 da 30,000, wato 58,000 a kowane rabo, in Samaru ta sami gurbin ƙarin buhu 200. Dakon gaba ɗaya zai sauka zuwa 900,000.

Ashe abin da ke cin kuɗinmu ba zaɓin hanya ba ne sosai, ƙanƙantar siton Samaru ne. Giwa ce babbar mai saye, Samaru ce ƙofarta, amma kayan suna jibge a Tudun Wada domin can ne akwai fili.

Da Kawu ya ji haka sai ya ce ai akwai wani babban shago a Samaru da aka taɓa yi masa tayi, mai ɗaukar buhu 600, naira 300,000 a shekara. Ya so ya kama shi nan take. Nan ma lissafin ne ya taka birki. Da zarar Samaru ta kai 800, Giwa ta ƙoshi. Buhu na 801 sai dai ya tafi Hunkuyi, inda ribar zagayen naira 50 ce kacal, ita ma ta ƙare bayan buhu 200, daga nan babu komai. Ke nan gurbin buhu 200 na farko darajarsa 58,000, ragowar 400 kuma darajarsu 10,000 duka-duka. Ɓoyayyen farashi ba ya ɗorewa, yana da iyakar da yake aiki a cikinta, kuma na sha ganin ɗalibai suna ɗaukar lambar da Solver ya nuna su ninka ta da duk adadin da suka ga dama. Kuskure ne mai tsada.

Abin da aka kama shi ne wani ɗaki a jikin siton Samaru, mai ɗaukar buhu 200 da 'yan kai, naira 60,000 zuwa ƙarshen damina, kuma maigadi ɗaya ne zai duba su duka. Direban tirelar da ke shigowa ta Dan Magaji ya nemi ƙarin 10,000 a kowane rabo domin saukewa a wuri biyu. Saura rabo uku a daminar, don haka a kan takarda 174,000 ne za su shigo, 90,000 su fita. Da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Akwai kuma ribar da ban saka a jadawali ba domin ban san yadda zan yi mata kuɗi ba tare da ƙage ba. Kayan Giwa duk suna tashi daga wuri ɗaya, a yini ɗaya suke isa. Manomin masara yana bukatar kamfa a makonnin farko bayan shuka, yuriya kuma bayan wata guda da 'yan kwanaki, kuma takin da ya zo bayan lokacinsa ya rage amfani ko da an kawo shi kyauta. Dilan Giwa da ke jiran cikon buhu 200 kwana uku yana rasa masu saye, su kuma ba sa dawowa.

Direban Tudun Wada

Sabon tsarin ya share hanyar Tudun Wada zuwa Giwa gaba ɗaya. A jadawali sifili ne a wani gida. A zahiri kuwa wani dattijo ne da ya yi shekaru yana yi wa Kawu dako, wanda ya sha ɗaukar kaya a biya shi bayan mako biyu, wanda kuma ba a taɓa ƙirga buhu a bayansa an ga ya yi ƙasa ba. Ranar da ya zo sito ya ji babu sawunsa, bai yi faɗa ba. Cewa ya yi, "Alhaji, ko na yi wani laifi ne?"

Kawu ya kira ni gefe ya ce in faɗa masa nawa zai ci in aka bar masa sawu ɗaya daga Tudun Wada kamar da. Na lissafa: 35,000 a kowane rabo, bayan an daidaita sauran hanyoyin. Ya ce ya yi yawa. Sai shi da kansa ya kawo mafitar da ban hango ba, cewa dattijon ya koma yin lodi a Samaru, a ba shi ƙarin buhu 200 ɗin nan, kuma a ɗora masa naira 50 a kan 400 da ake biyan sauran. Na je na same shi na ce, "Baba, hanyar ta fi kusa, ba ratsa gari, gas ɗin da za ka ƙona ya ragu." Ya ɗan yi lissafinsa ya amince. Wannan ya ci 10,000 a kowane rabo, 30,000 a ukun.

A ra'ayina wannan kuɗi bai ɓata ba. Amanar direba da haƙurinsa a kan bashi suna da daraja a kasuwanci ko da ba su da gida a jadawali, kuma Kawu ya fi ni sanin nauyinsu. Abin da lissafin ya yi shi ne ya sa ya zaɓa yana sane da farashin kowace hanya, ya bar ta 35,000 ya ɗauki ta 10,000.

Bayan an cire haya da kuɗin saukewa da ƙarin dattijo, ɗakin Samaru ya bar 54,000. In aka haɗa da 22,000 na kowane rabo sau huɗu, abin da muka tsara tsira da shi a daminar ya kai 142,000. Abin da ya shigo a zahiri ya ɗan gaza haka, domin a rabon ƙarshe, cikin ruwan Agusta, dilan Soba ya rage odarsa, motocin Makarfi kuma suka ɗaga zuwa 650. Na canza lambobi biyu a jadawali, cikin minti kaɗan sabon tsari ya fito, aka yi lodi da shi.

Matsalar da ke gabana yanzu ita ce ta tsakiyar damina, lokacin da kamfa da yuriya suke haɗuwa a sito ɗaya. Kowanne yana da nasa masu nema, amma fili ɗaya suke rabawa, mota ɗaya suke hawa. Yuriyar daga nesa take zuwa, daga Legas ko Fatakwal, kuma ba a cika sanin ranar isowar tirela ba sai ta kusa. Adadin da ba a sani ba ya tashi daga goma sha biyu zuwa ashirin da huɗu, kuma tabbacin nan na cikakkun lambobi ba ya aiki idan kaya iri biyu suna takarar gurbi ɗaya. Na fara jadawalin, amma sai na sake zagaya tashoshi na karɓo farashin bana kafin in nuna wa Kawu.